Masu Fasa Manhaja, 'Yan Demo da Masu Buɗaɗɗen Tushe: Tambayoyi da Amsoshi

Masu koyon rubuta manhaja da masu gyaran kwamfuta sukan haɗa waɗannan al'adu uku wuri guda, kamar duk abu ɗaya ne. Ga tambayoyin da aka fi maimaitawa, daga masu sauƙi zuwa masu zurfi. Inda wata amsa ta jingina da wata, an nuna lambarta.

1. Mene ne fasa manhaja, kuma yaushe aka fara shi?

Shi ne cire shingen da kamfani ya saka a manhaja don hana kwafarta ko hana amfani da ita ba tare da biya ba, wato abin da ake kira kirak a shagunan kwamfuta. Ya samo asali ne a ƙarshen shekarun 1970 a kan kwamfutar Apple II, sannan ya bunƙasa bayan fitowar kwamfutar Commodore 64 a 1982. A lokacin ana sayar da wasanni a kaset ko a faifan fulofi mai faɗin inci biyar da kwata, kuma yawancin masu fasawar samari ne 'yan makaranta a Amurka da Yammacin Turai.

Ba kuɗi suke nema ba, suna suke nema. Ƙungiyar da ta riga kowa fitar da sabon wasa, a tsabtace, yana aiki har ƙarshe, ita ce ta ci gari. Wanda ya sayar da faifan kuwa raina shi ake yi.

2. Yaya kariyar wancan zamani take aiki, kuma ta ina ake karya ta?

Dabarar da ta fi yaɗuwa ita ce lalata wani sashe na faifai da gangan. Idan wasa ya tashi, sai ya umarci na'urar faifai ta karanta wannan sashe, yana jiran a ce masa an samu kuskure. Manhajar kwafa ta yau da kullum ba ta iya kwafar lalacewar, don haka a kan kwafi sashen zai karantu lafiya lau, nan take wasan ya gane ba na asali ba ne, ya tsaya. A na'urar faifai ta 1541 ta Commodore, irin wannan binciken yana sa kan karatu ya riƙa dukan maƙurarsa da ƙara, har ya goce daga saitinsa. Wato wanda ya biya kuɗinsa shi ke shan wahalar. A Apple II kuma ana rubutu a tsakanin layukan faifai, ko a murɗe kamar katantanwa. Wasu kamfanoni sun koma tambayar kalma: buɗe littafin wasa shafi kaza, layi kaza, rubuta kalma ta uku. A 1985 wasan Elite na kwamfutar ZX Spectrum ya zo da Lenslok, wani ɗan gilashin roba da ake karawa a jikin talabijin don karanta haruffa biyu da aka hargitsa. Idan talabijin ɗin ya cika girma ko ƙanƙanta, mai wasan ba zai iya karanta komai ba.

Duk yawan dabarun, ƙarshensu guda ne: akwai wuri a cikin manhajar da ake tambaya "an ci jarrabawa ko an faɗi?", sannan a yi tsalle zuwa ɗaya daga hanyoyi biyu. Mai fasa yana bin umarnin inji ɗaya bayan ɗaya har ya iso wannan mararraba, sai ya sauya ta. A furosesa 6502, lambar EA tana nufin "kada ka yi komai". A dangin x86, 90 ce ke wannan aikin, kuma mayar da 74 zuwa EB yana mayar da tsalle mai sharaɗi ya zama na dole. Sau da yawa bayit ɗaya ko biyu ne duka aikin, nemo su ne ke cin kwanaki.

Inda ake tuntuɓe shi ne bincike na biyu. Masu rubuta wasa sun koyi tara jimillar bayit-bayit na manhajar su duba ko an taɓa wani abu, kuma su ɓoye binciken a can cikin wasan. Spyro: Year of the Dragon na PlayStation, a shekarar 2000, bai tsaya nan take ba idan ya gane an taɓa shi, sai ya riƙa kwashe wa ɗan wasa abubuwan da ya tara a hankali har wasan ya gagara ƙarewa. Shi ya sa ƙungiya mai mutunta kanta take buga wasa har ƙarshe kafin ta fitar.

3. Ta yaya ake rarraba su alhali babu intanet?

Ta gidan waya da layin tarho. Gefe guda na faifan Commodore 64 yana ɗaukar kusan kilobayit 170. Da modem mai gudun 300, wato kimanin haruffa 30 a daƙiƙa, tura shi zai ci fiye da awa ɗaya da rabi. Da mai gudun 1200, kusan minti 25. Ambulan mai faifai goma ta fi wannan sauƙi da araha, don haka kowace ƙungiya tana da mai musaya, wanda aikinsa kawai kwafa da aikawa ga abokan hulɗa a ƙasashe daban-daban. Wasu sukan shafa gam a kan tambarin wasiƙa domin a goge hatimi a sake amfani da shi. Masu amfani da modem kuwa suna kiran BBS, kwamfutar wani da ke jone da layin gidansa, kuma da yawa sun yi kiran ƙetare da lambobin katin waya na sata, abin da ya fi jawo musu 'yan sanda fiye da kwafar kanta.

Aikin a rabe yake: mai samo asali, galibi ma'aikacin shago ko na kamfanin rarrabawa; mai fasa; mai saka rai mara ƙarewa da tsallake mataki; mai musaya; mai riƙe da BBS. Razor 1911 ta kafu a Norwe a 1985, Triad a Suwidin a 1986, Fairlight a Suwidin a 1987. Fayil ɗin NFO, wato ɗan rubutun bayani da har yau ake gani tare da kirak, ƙungiyar The Humble Guys ake dangantawa da fara shi a 1990.

4. To mene ne demo, kuma me ya haɗa shi da fasa manhaja?

Tunda suna ake nema, dole a sa hannu. Da fari suna ne kawai a allon farko. Daga baya ya zama ɗan gabatarwa kafin wasa: tambarin ƙungiya, kiɗa, da rubutu mai tafiya yana gaida abokai yana zolayar abokan hamayya. Gasa ta koma kan gabatarwar kanta, har a tsakiyar shekarun 1980 wasu suka ga ba sa bukatar wasan sam. Suka fara fitar da hoto mai motsi da kiɗa su kaɗai. Wannan shi ne demo, al'ummar masu yin sa kuma ita ake kira Demoscene.

Sharaɗinsa babba: kwamfuta ce ke lissafa kowane hoto a daidai lokacin da ake kallo. Ba bidiyo ba ne da aka ɗauka aka ajiye. Ƙungiyar demo takan ƙunshi mai rubuta manhaja, mai zane da mai kiɗa, kuma aikinsu nasu ne, ba su karya dokar kowa ba (duba tambaya ta 11).

5. Yaya ake cusa minti da yawa na hoto da kiɗa a kilobayit 4 ko 64?

Ba a ajiye hoton, hanyar ƙirƙirarsa ake ajiyewa, kamar a aika wa mutum yadda ake haɗa miya maimakon a aika masa tukunyar. Hoto mai ɗigo 512 a tsaye da 512 a kwance, kowane ɗigo bayit uku, yana cin bayit 786,432. Amma umarnin "zuba hayaniya, lallausa ta, karkata ta, rina ta ruwan ƙasa" 'yan gomomin bayit ne, kuma yana ba da fuskar dutse ko katako. Haka kiɗa: ana ajiye na'urar haɗa sauti ƙarama da jerin sautukan da za ta buga. Daga nan a matse fayil ɗin da manhajar matsi irin su Crinkler, wadda aka gina musamman don ajin gasar demo na kilobayit 4, wato 4k.

Iyakar a tsaye take: 64k bayit 65,536 ne, 4k kuma 4,096, ƙarin bayit ɗaya ya fitar da kai daga gasa. Ƙungiyar Farbrausch ta Jamus ta girgiza ajin 64k da fr-08 a shekarar 2000, sannan a 2004 mutanenta suka fitar da .kkrieger, cikakken wasan harbi a kilobayit 96, wanda ke kumbura zuwa ɗaruruwan megabayit idan ya tashi. Elevated na RGBA da TBC, a 2009, ya nuna tsaunuka da kiɗa a 4k. Akwai ma ajin bayit 256. Abubuwa biyu kan ba sabon shiga tsoro: baƙin allo na tsawon daƙiƙoƙi a farko, lokacin da ake lissafa kayan, da kuma riga-kafin kwamfuta da ke ihu saboda salon matsin ya yi kama da na mugayen manhajoji.

6. Me ake nufi da cewa an sa Commodore 64 yin abin da ba a gina ta don shi ba?

Talabijin na da yana zana hoto layi bayan layi daga sama zuwa ƙasa. A samfurin Turai akwai layuka 312, furosesa tana samun bugun agogonta 63 a kowane layi, sau 50 a daƙiƙa. Wato bugu 19,656 ke gare ka a kowane hoto, umarni mafi sauri kuma yana cin biyu. Mai demo yana ƙirga su ɗaya-ɗaya, yana sauya saitin cip ɗin hoto, VIC-II, a tsakiyar zane.

Misali mafi shahara shi ne buɗe bakin allo. Cip ɗin yana da yanayi biyu: na jeri 25, inda bakin ƙasa ke farawa a layi na 251, da na jeri 24, inda yake farawa a na 247. Sai a bar shi a yanayin 25 har layi na 247 ya wuce, sannan kafin na 251 a juya shi zuwa 24 ta adireshin D011. Ya rasa lambar farko, ya rasa ta biyu, bakin bai rufe ba, sai a zuba siffofi a wurin da kamfani ya ce ba a zane. Haka ake ninka siffofi masu yawo: takwas kacal cip ɗin ya sani, amma da zarar ya gama zana ɗaya a sama sai a sauya mata wuri zuwa ƙasa ta sake fitowa.

Matsalar ita ce a kowane layi na takwas cip ɗin hoto yana ƙwace kusan bugu 40 daga furosesa, wanda bai lissafa da wannan ba hotonsa zai yi ta rawa. Samfurin Amurka kuma layuka 263 ne da bugu 65, sau 60 a daƙiƙa, shi ya sa aikin Turai ke wargajewa a can, har aka samu masu sana'ar gyara wasannin Turai su dace da injin Amurka.

7. Daga ina wannan kiɗan nasu mai kaifi ya fito?

Daga ƙarancin muryoyi. Cip ɗin SID na Commodore 64, wanda Bob Yannes ya tsara, muryoyi uku gare shi. Don a ji kamar sautuka uku suna tafiya tare a murya ɗaya, sai a riƙa sauya su sau 50 a daƙiƙa, abin da ke ba da wannan karkarwar da aka san kiɗan da ita. Kwamfutar Amiga tana da muryoyi huɗu masu buga sautin da aka naɗa. A 1987 Karsten Obarski ya fitar da Ultimate Soundtracker, inda ake rubuta kiɗa a jadawali mai layuka 64 da ginshiƙi huɗu. Daga nan fayil ɗin MOD ya fito, ProTracker da FastTracker 2 suka biyo baya. Duk wanda ya buɗe fayil ɗin MOD yana ganin kowane sauti da yadda aka jera shi, don haka makaɗa da yawa a nan suka yi karatunsu. OpenMPT da MilkyTracker na buɗe su a yau.

8. Har yanzu ana yi?

Ana yi. Assembly, taron gasar 'yan demo a Finlan, tun 1992 take, a can ne demo ɗin Second Reality na ƙungiyar Future Crew ya yi nasara a 1993. The Party a Danmak ta gudana daga 1991 zuwa 2002. Revision na taruwa a Saarbrücken ta Jamus a lokacin Ista tun 2011. Ana nuna ayyuka a babban allo, mahalarta su jefa ƙuri'a. Finlan ta saka wannan al'ada a jerin gadonta na ƙasa a 2020, Jamus a 2021. Kamfanonin wasanni irin su Remedy da DICE 'yan demo ne suka kafa su.

9. Manhajar buɗaɗɗen tushe fa, daga ina ta taso?

Daga wani gida daban: jami'o'i da ɗakunan bincike. A shekarun 1950 da 1960 inji ake saya, manhaja ta biyo shi tare da rubutun tushenta, wato ainihin rubutun da mai manhaja ya yi wanda mutum ke iya karantawa ya gyara, masu amfani da injinan IBM ma sun kafa ƙungiyar SHARE a 1955 don musayarta. A 1969 IBM ya fara sa wa manhaja farashi daban. A Fabrairun 1976 Bill Gates ya rubuta wa masu sha'awar kwamfuta buɗaɗɗiyar wasiƙa yana kukan cewa waɗanda suka biya kuɗin Altair BASIC ba su kai ɗaya cikin goma ba. A 1980 Amurka ta fayyace cewa dokar haƙƙin mallaka ta shafi manhaja.

Richard Stallman na jami'ar MIT, wanda aka hana shi tushen manhajar wata firintar Xerox da yake son gyarawa, ya sanar da aikin GNU, na gina tsarin sarrafa kwamfuta da kowa ke da 'yancin gyarawa da rabawa, a Satumban 1983, ya kafa gidauniyar FSF a 1985, lasisin GPL ya fito a 1989. Abin da ya rage wa GNU shi ne zuciyar tsarin, sai ga Linus Torvalds, ɗalibi a Helsinki, ya sanar da Linux a Agustan 1991, ya mayar da shi ƙarƙashin GPL a 1992. A daidai lokacin BSD, wani tsarin sarrafa kwamfuta na jami'ar Berkeley, na cikin shari'a da reshen kamfanin AT&T daga 1992 zuwa 1994, jinkirin da ya buɗe wa Linux hanya. A 1998 Netscape ya saki tushen burauzarsa, aka kafa ƙungiyar OSI mai yaɗa buɗaɗɗen tushe, kamfanoni suka fara shigowa.

10. Mene ne bambancin GPL da lasisin MIT ko BSD? An yarda a sayar?

An yarda, a dukansu. GPL ta ba ka damar amfani, nazari, gyara da rarrabawa, da sharaɗi guda: idan ka ba wani manhajar, ko ka gyara ko ba ka gyara ba, dole ka ba shi tushenta a ƙarƙashin lasisin nan. Idan a cikin gidanka ko ofishinka kawai kake amfani da gyaran, ba wanda ke binka bashin komai. MIT da BSD sun fi sassauci: ka bar sanarwar haƙƙin mallaka a jiki, sauran kuma ka yi yadda ka so, har da rufe tushen. Kuskuren da aka fi yi shi ne ɗauko rubutu daga GitHub a ɗauka na kowa ne. Idan babu lasisi a jiki, babu izini.

11. Ashe ba tafiyarsu ɗaya ba ce, tunda duk suna raba manhaja?

A'a, kuma nan ne ruɗanin yake. A duba abin da kowa ke miƙa maka. Mai fasa yana ba ka kayan wani ba da izininsa ba, kuma a rufe: ba ka da tushe, ba ka iya gyara, ba ka san abin da aka ƙara ba. Ɗan demo yana ba ka nasa aikin, amma a al'adance yana ɓoye yadda ya yi, domin sirrin shi ne makaminsa a gasa, wanda ya saci dabarar wani kuma ya sha zagi a rubutun gaisuwa. Mai buɗaɗɗen tushe shi kaɗai ke ba ka tushen da izini a rubuce, kuma GPL da dokar haƙƙin mallaka take tsaye, dokar da mai fasa ke takawa. A ganinmu kirak ma ya fi yi wa manyan kamfanoni amfani: wanda ya saba da Photoshop na sata ba zai waiwayi GIMP, madadinsa na buɗaɗɗen tushe, ba.

Sun haɗu a wasu wurare. A 1999 DeCSS, mai cire kariyar DVD, ta ba masu Linux damar kallon faifan da suka saya. An gurfanar da Jon Lech Johansen, ɗaya daga cikin waɗanda suka rubuta ta, a Norwe, kotu ta wanke shi a 2003. Farbrausch ta saki tushen kayan aikinta a 2012, na Second Reality ya fito a 2013.

12. Me doka ta ce?

A 1994 kotun Amurka ta kori ƙarar da aka shigar a kan wani ɗalibin MIT bisa rarraba manhajojin sata, saboda bai ci ribar rarrabawar ba. Dokar NET ta 1997 ta toshe wannan kafa, DMCA ta 1998 kuma ta mayar da karya kariyar kanta laifi. A Disamban 2001 samamen Buccaneer ya tarwatsa DrinkOrDie, ƙungiyar masu fasa manhaja da ta faro a Mosko a 1993. An miƙa wani jagoranta daga Ostireliya zuwa Amurka a 2007, aka yanke masa wata 51. A Najeriya, dokar haƙƙin mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a Maris na 2023, ita ma ta haramta kewaye kariyar fasaha.

13. Gaskiya ne kirak ya ceci tsofaffin manhajoji?

Da gaskiya a ciki. Fulofi na ruɓewa, kariyar da aka bayyana a tambaya ta 2 kuma ta hana a yi masa ajiya, don haka wasanni da yawa kwafin da aka fasa ne kawai ya rage. Sai dai kwafin yakan zo a gurgunce, an yanke hoton farko ko kiɗa don ya shiga faifai. Wani mai laƙabin 4am ya daɗe yana fasa manhajojin Apple II ba tare da sauya komai ba, yana ajiye su a Internet Archive da bayanin kowace kariya. Ko na baya-bayan nan ba su tsira ba: Windows 10 ta daina karɓar direban SafeDisc, wata kariyar hana kwafar faifai, faifan asali da yawa suka daina tashi.

14. Mene ne haɗarin kirak a kwamfutar shago ko ofis a yau?

Umarnin farko da ke zuwa da shi shi ne a kashe riga-kafi a ba shi izinin mai gida. Daga nan komai na iya shiga: mai satar kalmomin sirri da ke ajiye a burauza, mai haƙar kuɗin intanet da ke sa fanka gudu ba hutu, ko mai kulle fayiloli irin STOP/Djvu, wanda ta kirak ya fi yaɗuwa, kuma idan ya samu mabuɗi daga sabarsa fayilolin ba sa buɗuwa. Abin ba sabo ba ne: a 1987 ƙwayar SCA ta bi faifan musaya a Amiga, tana rubutu a kan sashen tashi, ta kashe har faifan wasanni na asali.

Ga mafi yawan aikin shagon buga takardu akwai madadi: LibreOffice don rubutu da lissafi, GIMP da Inkscape don zane, Scribus don tsara shafi, Audacity don sauti, Kdenlive don bidiyo, Blender don zane mai siffa uku, wanda jama'a suka tara yuro 100,000 a 2002 aka 'yanta tushensa. Inda ake samun cikas shi ne fayilolin CorelDRAW da takardun Word masu tsari mai sarƙaƙiya; a ajiye kwafin PDF, a kuma saka irin haruffan da aka yi aikin da su, in ba haka ba shafuka za su goce. Linux na zuwa da tsarin allon rubutu na Hausa, na Najeriya da na Gana, mai ƙ, ɗ da ɓ.

15. Ina so in kalla ko in gwada yi. Ta ina zan fara?

Ayyukan suna ajiye a pouet.net, Demozoo da scene.org, na Commodore 64 kuma a CSDb. Don tayar da su ana bukatar manhajar kwaikwayon inji: VICE don Commodore 64, WinUAE ko FS-UAE don Amiga, DOSBox don na DOS. A VICE a zaɓi samfurin PAL, wato na Turai, saboda dalilin da ke tambaya ta 6, a kuma kunna cikakken kwaikwayon na'urar faifai, domin yawancin demo suna loda nasu umarnin a cikinta, ba tare da shi ba za su maƙale a farko. Amiga na bukatar fayil ɗin Kickstart, manhajar da ke tayar da injin, wanda har yanzu yana da mai shi. Don demo na Amiga 500 a saita Kickstart 1.3 da ƙarin memori kilobayit 512.

Mai son rubutawa ya fara da Shadertoy, inda ake rubuta lissafin launin kowane ɗigo a burauza a ga sakamako nan take, ko TIC-80, ƙaramar kwamfutar kwaikwayo mai allo 240 da 136 da launi 16, wadda ke tashi ko a tsohuwar laftof. Tarurruka da dama, har da Revision, suna karɓar aiki daga nesa a wasu ajujuwan gasa. A karanta ƙa'idar ajin da kyau, musamman iyakar girma da injin da za a nuna aikin a kai.